Farfelar Farko a Shimultola

A duk mazan da suka taɓa cin shinkafa a gidanmu, ban ga malalaci irin Sobhan ba. Shi ne mijin yayata Joygun, don haka Dulabhai nake ce masa, yadda kowa ke kiran mijin yayarsa. Amma ban taɓa furta sunan da girmamawa ba, shi ma ya san da haka. Babanmu ya ba shi 'yarsa ne don ya gan shi dogo mai faɗin kafaɗa, ya ɗauka ya samu mai taya shi jan jirgi. Kafaɗun nan ba su taɓa ɗaukar abin da ya fi tawul nauyi ba.

Mu a Shimultola tuƙin jirgin ruwa muka gada. Idan iska tana kaɗawa, sai mu ɗaga ƙyalle mu zauna, ita ta tura mu. Idan ta tsaya, ga shi kuma za mu yi sama ruwa yana gangarowa, sai mutum biyu su sauka su rataya igiya a kafaɗa, su bi gaɓa suna ja cikin taɓo, tun hantsi har la'asar. Da zarar ƙyalle ya saki jiki, sai in waiwaya in ga Sobhan ya dafe ƙugu.

"Dulabhai, iska ta tsaya."

"Na sani, Kutub. Bayana ne ya fara gaya mini."

"Jiya ƙafa ce."

"Ciwon yawo yake yi. Kai dai ja, yaro ne kai, jininka da zafi."

Shekara guda babanmu ya jure, sannan ya sauke shi daga jirgi. Aka yi sa'a a lokacin Tofazzal Sarkar ya sayo injin ban ruwa don shinkafar rani, yana neman mai gadinsa. Tofazzal shi ne mai rabin gonakin garinmu, kuma shi ne ciyaman. Aikin gadin inji bai wuce mutum ya tayar da shi da safe, ya zauna a inuwa yana sauraren ƙararsa ba. Kamar don Sobhan aka ƙirƙiro shi.

A nan ya koyi cikin inji, ba kuwa don son ilimi ba. Idan injin ya mutu, sai mai gadi ya taka mil shida zuwa gari ya kira makanike. Sobhan ya yi tafiyar nan sau ɗaya, ya dawo ya kwanta kwana biyu. Da injin ya sake mutuwa, sai ya zauna ya kwance shi ƙusa bayan ƙusa, ya jera kayan a kan buhu, ya yi ta kallonsu har ya gane wanda ya lalace. Kafin rani biyu babu makaniken da ya kai shi a yankinmu, kuma babu wanda ya kai shi ƙyuya.

Idan damina ta sauka, ruwa ya shafe gonaki, sai a ɗauke injin a kai ɗakin ajiya a rufe da buhu, ya yi barcin wata biyar. Tofazzal ba ya son ganin mutum yana cin abincinsa a zaune. Ya ce tunda babu ban ruwa, Sobhan ya riƙa kai masa rama kasuwar Talata a jirgi, mil goma sha biyu sama da mu. Makon farko Sobhan ya dawo kafaɗarsa ta saɓule, yana tafiya kamar tsohuwa. A mako na biyu aka daina ganinsa a shagon shayi, aka fara ganinsa a maƙerar Nitai.

Nitai ɗan Hindu ne, maƙerin garinmu, ɗan gajere mai ƙonannun yatsu, ba ya magana sai dole. Ni da idona na gan su: Sobhan a kishingiɗe a kan benci yana zana abu a ƙasa da babban yatsan ƙafa, don ko sunkuyawa ba zai yi ba, Nitai kuma yana dukan murfin tsohon duro a kan uwar maƙera.

Na ce, "Me ake ƙerawa?"

Sobhan ya ce, "Kafaɗa. Ta ƙarfe. Tawa ta ƙare."

Abin da suka yi ba wani abin mamaki ba ne idan ka gan shi yau. Sun huda jirgin a baya, suka zura bututun rijiya ta hudar, suka ɗaura farfela a bakinsa na waje, bakin ciki kuma suka haɗa shi da injin. Injin kuwa Sobhan ya fito da shi ne daga ɗakin ajiya ba tare da ya tambayi kowa ba, ya bar buhun a lulluɓe a kan kwando don kada a gane. Farfelar farko ta lanƙwashe kamar ganyen ayaba tun kafin jirgi ya motsa. Ta biyu ta fice ta nutse. Ruwa kuma yana shigowa ta hudar, sai da suka cusa zaren rama da suka jiƙa da giris. Kwana goma sha tara suna wannan fama a wani lungun rafi bayan maƙera. Na ji an ce a wasu koguna ma mutane sun yi irin wannan dabara a shekarun nan, kowa a lungunsa, ba wanda ya san da wani. Ban san nasu ba. A namu kogin dai, haka aka yi.

Ranar Talata da hantsi ina bakin gaɓa da igiya a kafaɗa, ni da wasu mutum uku, muna jan jirgin shinkafa, sai muka ji ƙarar injin ban ruwa a tsakiyar kogi, inda babu gona. Muka tsaya. Ga jirgin Sarkar maƙare da rama, babu ƙyalle, babu mai ja, yana keta ruwa yana yin sama. Nitai ya ƙanƙame gefen jirgi da hannu biyu, leɓunansa suna motsi. Sobhan yana zaune a baya ya miƙe ƙafa, yana tauna ganyen pan, wanda shi ne goron mutanenmu. Da ya zo daidai da mu sai ya ɗaga mini hannu.

"Sannu da aiki, Kutub. A gaishe da igiya."

Ban taɓa jin na tsani mutum kamar ranar ba.

Sun je kasuwa sun dawo kafin azahar, tafiyar da take cin yini biyu. Abu ɗaya ne malalacin bai yi tunaninsa ba, wato yadda zai tsaya. A kasuwa taɓo ne ya tare su. A gida kuwa matakalar bulo ce da Tofazzal ya gina daga ƙofar gidansa har cikin ruwa, wadda yake alfahari da ita fiye da 'ya'yansa. A daidai lokacin yana zaune a kanta a kan kujera, ana shafa masa mai a baya kafin wanka. Jirgin ya zo ya daki matakalar da hanci. Bulo ya tsage tun daga sama har ƙasa, kujera ta kife, ciyaman ya faɗa ruwa. Da aka tsamo shi, zaninsa ya riga ya yi gaba da kogi.

Washegari aka yi zaman shari'a a ƙofar gidansa, duk gari ya hallara. Tofazzal ya yi magana ta kusan awa guda. Ya ce Allah ya yi inji don gona, ya yi iska don jirgi, wanda ya haɗa su kuwa ko mahaukaci ne ko ɓarawo, wannan kuma duka biyun ne. Ya ce ƙarar za ta kori kifi, ta zubar da cikin shanu, ta rushe gaɓa. Sannan ya tambaya ko akwai mai shaida a cikin masu jirage. Ni na fara miƙewa. Na ce na ga igiyar ruwan da jirgin ya tayar ta kusa kifar da kwale-kwalen wata tsohuwa. Babu wata tsohuwa. Na faɗa ne don gaisuwar da ya yi wa igiyata.

Aka yanke masa takalmi bakwai, Tofazzal ya cire nasa ya yi dukan da kansa. Aka sa shi ya kama kunnuwansa yana durƙusawa yana miƙewa a gaban jama'a, aka kore shi daga aiki. Nitai kuma aka hana kowa kai masa gyaran garma har wata uku. Joygun ta yi shekara ba ta yi mini magana ba.

Sobhan bai nuna abin ya dame shi ba. Ya samu dalilin kwanciya na mako biyu, wannan karon da shaidu. Yana kwancen ne wani ɗan kasuwar rama daga ƙetaren kogi, wanda ya ga shigowar jirgin ranar Talata, ya ƙetaro da injinsa, ya ɗoro shi a kan keken shanu, ya sauke a ƙofar gidan Sobhan. Sobhan da Nitai suka koma maƙera. Matsalar tsayawa kuwa Sobhan ya warware ta irin tasa: ya ɗaura zare a makashin inji ya jawo shi har inda yake zama, don ya kashe shi tun daga nesa ba tare da ya tashi ba.

Kafin damina uku, ƙarar inji ta cika kogin. Tofazzal da ya ce aikin mahaukata ne, jirage shida ya sa wa inji, ya aika aka kira masa wani makanike daga gari ya kwaikwayi na ɗan kasuwar nan na ƙetare, don kada ya roƙi wanda ya doka. Kifi bai gudu ba, shanu suka ci gaba da haihuwa. Ni na yi taurin kai shekara huɗu ina jan igiya, jirage suna wuce ni yara suna yi mini dariya, har masu kaya suka daina ba ni lodi. Ranar da na kai jirgina ƙofar Sobhan, bai ce mini komai a kan shari'ar ba. Ya dai kwanta a gadonsa na igiya a ƙarƙashin mangwaro, yana ba ni umarni ina hudawa.

"Ƙasa kaɗan. A'a, ka wuce. Kai Kutub, ko tsohuwar nan taka ta kwale-kwale ta fi ka iya riƙe guduma."

Bai yi arziki ba. Duk wanda ya zo tambaya sai ya gaya masa komai daga kwance, don bayani ya fi aiki sauƙi. Waɗanda suka koya a ƙarƙashin mangwaron nan suka buɗe shaguna a gari, suka gina gidajen bulo. Shi yana nan a gidan kwano, Joygun tana kiwon agwagi tana ciyar da shi. Nitai kuwa, bayan wata shekara da aka ƙona shagunan 'yan Hindu a kasuwa, ya tattara iyalinsa ya ƙetare iyakar ƙasa, ba mu ƙara jin labarinsa ba.

Shekara talatin da wani abu suka wuce. Tofazzal ya mutu. Ɗansa Mahbub, wanda ake ce wa Injiniya ko da yake ba mu san makarantar da ta ba shi sunan ba, ya buɗe wurin ƙera jirage a bakin kogi, yana kuma neman kujerar majalisa. Mai neman kujera yana bukatar uba mai tarihi. Sai ga shi ya kawo wani baƙo daga babban birni, Farfesa Ekramul, wanda aka ce yana rubuta littafi a kan ƙirƙire-ƙirƙiren mutanen karkara.

Kwana huɗu Farfesa ya yi a garinmu, uku daga ciki a falon Mahbub, ƙarƙashin fanka, yana binciken kifi da shinkafa. Aka tara mu tsofaffin masu jirage, aka zaunar da mu a tabarma, shi yana kan kujera da 'yar na'urar ɗaukar magana. Mahbub ya fito da wata takarda a cikin leda, ya ce a akwatin marigayi ya same ta. Zanen jirgi ne da inji da farfela, an ja layuka da rula, har da lambobi. Tofazzal ɗin da sai ya zaro harshe waje kafin ya iya rubuta sunansa. Takardar fara tas, an yanke samanta da almakashi, daidai inda sunan kamfanin Mahbub yake zama a takardunsa.

Farfesa ya riƙe ta da yatsu biyu kamar zai taɓa jariri. Ya ce, "Wannan babbar shaida ce."

Na ce, "Saheb, ranka ya daɗe, ina da magana."

"Bismillah, dattijo."

"Wanda ya ɗora inji a jirgi yana nan da ransa, bayan makarantar firamare. Sunansa Sobhan. Shi da wani maƙeri Nitai suka yi. Mai wannan gida kuwa takalmi bakwai ya yi masa a kan haka, a ƙofar nan da ka shigo ta cikinta."

Sauran tsofaffin suka sunkuyar da kai suna nazarin saƙar tabarma. Mahbub ya yi murmushi, ya kira ni Chacha, wato baffa.

"Chacha Kutub ya manyanta, Farfesa. Sobhan ma'aikacin babana ne, shi ya ɗauki injin ya kai bakin ruwa. Ka san yadda suke."

Farfesa ya gyaɗa kai. "Abu ne sananne a wurinmu masu bincike. Mutanen karkara sukan haɗa labari biyu ya zama ɗaya. Amma muna daraja irin wannan, yana ƙara wa tarihi armashi." Ya kashe na'urarsa, don an shigo da faranti.

A rana ta huɗu da la'asar ina gidan Joygun sai ga Farfesa shi kaɗai, ya naɗe ƙafar wando, takalmansa sun yi kaca-kaca da taɓo. Joygun ta ba shi kujera, ta ajiye masa shayi da biskit. Sobhan yana kan gadonsa, tsufa ya rage masa tsawo amma bai canza masa hali ba. Ko tashi zaune bai yi ba.

Farfesa ya ce, "Tambaya ɗaya ce ta hana ni sakewa. A zanen nan fukafukan farfelar huɗu ne. Amma duk tsofaffin jiragen da na gani a yankin nan uku gare su. Me ya sa?"

Sobhan ya ce, "Biyu muka fara yi, jirgin ya riƙa karkarwa kamar mai zazzaɓi. Na ce a yi huɗu, Nitai ya ce murfin duron ba zai isa ba, kuma hannunsa ya gaji. Sai muka yi uku. Da ta yi aiki, wa zai sake wahala?"

"To karkacewar fa? Yaya kuka auna?"

"Wane awo? Na ce masa ya karkata ta kamar hannun mace tana sheƙar shinkafa. Ya yi yawa, inji ya riƙa shaƙewa yana baƙin hayaƙi. Ya rage, sai ta riƙa juyawa a banza. Sau biyar muna mayar da ita wuta."

Ya ci gaba, ya faɗi yadda suka toshe hudar, da yadda bututun ya riƙa cin katako har sai da suka sa masa gutsuren taya, da dalilin da ya sa injin yake zama a tsakiya ba a can baya ba. Farfesa ya rubuta shafi uku. Daga nan ya cire tabarau ya goge, ya dubi Sobhan.

"Kai ne," in ji shi.

"Ni da Nitai."

"Ka san wanda zai biya kuɗin buga littafin nan?"

"Na ji an ce Injiniya."

"To ka gane matsayina. Amma ba zan bar ka haka ba. Akwai ƙaramin rubutu da muke sakawa a gindin shafi. Masana na gaskiya can suke dubawa."

Joygun ta taso daga bakin murhu, ta zo gabansa, ta ɗauke kofin shayin da bai kai ga sha ba, ta haɗa da biskit ɗin, ta koma ciki. Farfesa ya zauna kaɗan, sannan ya yi sallama, ba wanda ya raka shi.

Wata biyu kafin zaɓe aka yi bikin tunawa da Tofazzal. Aka kafa rumfa a bakin kogi, aka ɗaura lasifika a kan bishiyoyi, aka rataya hoton Tofazzal mai girman ƙofa, an yi masa kwalliya har ya fi kyau da mutuwa. Mahbub ya aiko a gaya wa Sobhan za a karrama shi a matsayin ma'aikacin da ya taimaka wa marigayi. Joygun ta ce idan ya je kada ya dawo mata gida. Ni kuwa na ce ya je, na zauna na koya masa abin da zai faɗa idan an ba shi lasifika, kalma bayan kalma, har sau uku.

Ya ce, "Da nisa."

Na ce, "Mota za su aiko."

"To zan je."

Farfesa ya yi jawabi. Ya ce a tarihin ɗan Adam akwai wanda ya ƙirƙiro ƙafar keke, akwai wanda ya ƙirƙiro injin tururi, a wannan kogi kuma akwai Tofazzal Sarkar, mutumin da ya dubi injin da ke barci a ɗakin ajiya ya hango gobe. Ya ce marigayi ya sha suka daga jahilai masu tsoron sabon abu, amma bai ja da baya ba. Aka yi tafi. Bai dubi inda muke zaune ba ko sau ɗaya.

Aka kira Sobhan. Mutum biyu suka hau da shi dandamali, Mahbub ya yafa masa mayafin ulu a cikin zafin nan, aka tsaya aka ɗauki hoto. Sannan aka kai masa lasifika baki.

Ya ce, "Gaskiya ne, marigayi ya sa hannu a aikin nan. Da hannunsa na dama. Sau bakwai, ni na ƙirga." Ya juya wajen Mahbub. "An sauke abincin kuwa?"

Tsofaffin da ke baya suka tuntsire da dariya, wasu har da riƙe ciki. Baƙin birni suka ɗauka yabo ne, suka tafa. Mahbub ya karɓe lasifikar yana murmushin dole. Shi ke nan abin da Sobhan ya yi da damar da ya samu sau ɗaya a rayuwarsa. Bai ambaci Nitai ba, bai faɗi ko kalma ɗaya daga abin da na koya masa ba. Daga baya da na tambaye shi, sai ya ce jawabin nawa ya yi tsawo, ga ƙafarsa tana ciwo.

Ni ma na je wurin da niyyar in miƙe in yi magana idan shi ya kasa. Har na dafa gwiwa. Sai na hango ɗana a gefen rumfa, sanye da rigar kamfanin Mahbub, yana jera kujeru. Shekara tara yana walda a wurin, 'ya'yansa huɗu. Na gyara zama. Da aka kawo shinkafa da naman akuya na ci, har na karɓi ƙari. Wancan karon na miƙe na yi ƙarya, wannan karon na zauna na yi shiru, ban san wanne ya fi ba.

Littafin ya fito bayan zaɓe, wanda Mahbub ya ci. Jikata ta karanta mana shi. Babi guda aka ba Tofazzal, da hotonsa da hoton zanen. A gindin shafi na tamanin da uku, da rubutun da sai ta kai shi kusa da hanci, an ce wasu mazauna garin suna ambaton wani lebura mai suna Subhan Ali. Ba Ali ba ne sunan mahaifinsa. Nitai kuwa ko a gindin shafi bai samu wuri ba.

Sobhan ya mutu da daminar da ta biyo baya, bayan sallar azahar, a kan gadonsa. Sai da Joygun ta kira shi cin abinci sau biyu bai amsa ba, sannan ta san ba barci ba ne.

Bayan wata shida wasu samari biyu suka zo daga wani gidan adana kayan tarihi na babban birni, da littafin Farfesa a hannu. Sun je wurin Mahbub neman farfelar farko, ya ce su tambayi iyalin leburan, wataƙila shi ya ɓoye ta. Ina zaune suka shigo. Joygun ta saurare su har suka gama, ta ce su dawo bayan kwana goma, sai ta bincika.

Suna fita ta ce da ni, "Ina farfelar nan da ka cire daga jirginka bara, mai tsagewa?"

"Bubu, yayata, wannan ai ta kamfani ce. A kasuwar Talata na saye ta, da lamba a jikinta."

"Kawo ta, ka zo da magagari."

Na goge lambar, ita kuma ta jiƙa farfelar a ruwan gishiri, ta binne ta a bayan kejin agwagi. Da samarin suka dawo ta fito da ita a naɗe cikin mayafin ulun nan, tana share ido da gefen gyale. Suka sa safar hannu kafin su taɓa. Ɗayan ya nuna wa ɗayan sawun magagarina, ya ce dubi aikin hannu na asali, irin wannan ba a samunsa yanzu. Suka biya ta abin da ya ishe ta sake rufin ɗaki da sabon kwano. Wani ɗan garinmu da ke tuƙa mota a birni ya ce ya gan ta a cikin akwatin gilashi, da fitila a kanta, an rubuta cewa daga jirgin Tofazzal Sarkar aka ciro ta.

Makon jiya na je gaishe ta, na tarar da wata farfelar a cikin bahon wanki, ruwan ya yi ja da tsatsa.

Na ce, "Wannan kuma fa?"

Ta ce, "Wasu ne daga jami'a suka aiko, wai suna neman ta biyu. Miƙo mini gishirin can."